Jangare, Birnin Da Ba Ya Kwana Inda Ya Yini

A cikin biranen ƙasar Hausa akwai guda ɗaya wanda ba a taɓa yin lodinsa a tasha ba, Turawa ba su taɓa aika masa da Di'o ba, malaman ƙidaya kuma ba su taɓa shafa wa mutanensa tawada a babban yatsa ba. Duk da haka yana da sarki da waziri da alƙali, yana da mahauta da makaɗa da makafi, kuma an san wa ya auri wa a cikinsa, an san wace ce ta yi yaji. Sunan wannan birni Jangare, shi ne mazaunin iskoki a bakin 'yan bori. Mun san cewa da jin wannan suna wani mai karatu zai yamutsa fuska ya nemi tsari, don haka bari mu share fage tun da wuri. Samuwar aljanu magana ce da Alƙur'ani ya riga ya yanke, ba ita ce a gabanmu ba, ba mu kuma zo yi wa bori talla ba. Abin da ya dame mu shi ne ganuwar birnin da unguwanninsa da rawunan hakimansa, domin kuwa waɗannan kayan 'yan Adam ne, Bahaushe ne ya ɗinka su da zaren tsoronsa da na sha'awarsa, kuma har gobe bai ajiye allurar ba.

Mu 'ya'yan fataken doya ne. Iyayenmu sun gangaro daga Katsina da Kano da Zazzau suna bin kasuwa, a kan sawun waɗanda jirgin ƙasa ya riga ya sauke a Minna tun zamanin da dogo ya tashi daga Baro ya isa Kano a 1911, har Allah ya yi masu zama a Garatu. Ƙauye ne na ƙaramar hukumar Bosso, a bakin hanyar Minna zuwa Bida, gaba kaɗan da Gidan Kwano inda Jami'ar Fasaha ta Tarayya take da babban mazauninta. Ƙasar Gwari ce, ko da yake masu ƙasar Gbagyi suke kiran kansu. Akwai Nufawa da ke haurowa daga wajen Bida, akwai kuma rugagen Fulani a bayan gonaki. A nan muka buɗe ido muka ga ana ƙirga doya ƙwarya-ƙwarya, ɗari cif a kowace ƙwarya, ana jibga ta a manyan motoci. A nan ne kuma muka fara jin labarin Jangare daga bakin kakarmu.

Kakar tamu mace ce mai salla da azumi, ba ta taɓa shiga fagen garaya ba, amma mahaifiyarta goɗiya ce a wani ƙauye na ƙasar Katsina, wato tana cikin matan da iskoki ke hawa, kafin ta tuba a ƙarshen rayuwarta. Saboda haka tsohuwar takan yi maganar Jangare kamar yadda mutum ke maganar garin da yake da dangi a ciki amma zumunci ya yanke: ta san gidajen, ta san abin kunyar kowane gida, ba ta kuwa fatan zuwa. Ba ta tayar da zancen sai maza sun tafi kasuwa, in kuma za ta ambaci mazauna garin a dunƙule sai ta rage murya ta ce mutanen ɓoye. Daga gare ta muka ji Sarkin Aljan Sulaimanu mai mulkin birnin, da Malam Alhaji, tsoho mai farar riga da tari da carbi, da Ɗan Galadima, ɗan sarauta mai ado da caca wanda kyauta ta hana shi tara ko anini. Muka ji Sarkin Rafi mahaukaci, da Kuturu wanda duk da dungulminsa babba ne a fada, da Barhaza Bafilatana mai ƙwaryar nono, da Inna uwar kowa wadda kowa ke tsoro.

Abin da ya riƙa ɗaure mana kai muna yara shi ne birnin ba ya zama wuri ɗaya. Yau ta ce yana gabas, bayan wata guda ta ce yana can bayan Azbin cikin rairayi. Wanda ya haifi Ɗan Galadima a labarin damina ba shi ne ya haife shi a labarin rani ba. Gidan da ta ce yana daura da fada sai mu tarar ya koma bayan gari. Da muka shiga makarantar boko aka koya mana zana taswira, wata rana yayanmu ya ɗauko takarda da fensir ya ce, "Kaka, yau sai kin tsayar mana da magana ɗaya, ta ina ƙofar garin take?" Ta dube shi ta ce, "Kai maigidan nawa, in ka yi mafarkin gidan ubanka, ƙofar ɗakin tana nan inda ka bar ta da rana?" Mun yi shekaru muna karatu daga baya, ba mu ci karo da bayanin Jangare da ya fi wannan ba.

Turawan da suka bi diddigin birnin ma abin da ya sami yayanmu shi ya same su. Manjo Tremearne, wani hafsan Ingila da ya yi aiki a Arewacin Nijeriya, ya bi Hausawan da ke zaune a Tunis da Tarabulus, waɗanda akasarinsu bayi ne da 'ya'yan bayi da aka ƙetarar da su hamada, ya fitar da littafinsa a kan bori a 1914. Su sun ce masa sunan garin Jan Gari, yana kuwa cikin hamada wajejen Azbin. Joseph Greenberg ya zauna da Maguzawan ƙasar Kano a 1938 da 1939, ya tarar da iskokin nan a jikin gona da gandu da yankan gado. Fremont Besmer, wanda littafinsa ya fito a 1983, ya ji nasa labarin daga makaɗa da 'yan borin Kano da Ningi, sai ga birni mai gida goma sha biyu, da fada da hakimai da bayin sarki, kai ka ce masarautar Kano ce aka kifa wa madubi. A ganinmu babu wanda aka yi wa ƙarya a cikinsu. Kowane mai ba da labari ya zana garinsu ne bai sani ba. Su kuwa bayin Tunis, duba inda suka ajiye birnin: tsakaninsu da gida, a kan hanyar da aka bi da su, wadda suka san ba za su sake bin ta ba.

Malamanmu sun karantar da mu cewa mafarki iri uku ne: akwai na gaskiya wanda bushara ce daga Allah, akwai na firgita wanda Shaiɗan ke kawowa, akwai kuma zancen zuci, wato abin da mutum ya yini yana saƙawa sai ya tarar da shi a barci. Littafin fassarar mafarki da ake danganta wa Ibn Sirin mutumin Basra, wanda ake shimfiɗawa a bakin masallatan Juma'a, na farkon yake wa hidima. Jangare kuwa a kashi na uku muka ajiye ta, illa dai zucin da ke zancen na al'umma ne gaba ɗaya. Wani likitan ƙwaƙwalwa ɗan ƙasar Suwizalan, Carl Jung, wanda ya rayu daga 1875 zuwa 1961, ya yi suna a kan irin wannan tunani. Cewa ya yi a ƙarƙashin abubuwan da kowane mutum ya manta ko ya danne a ransa akwai wani ɓoyayyen tunani na gama-gari wanda duk 'yan Adam suka yi tarayya a kansa. In za mu faɗe shi da harshen Garatu, kowa da rijiyarsa a gidansa, amma ruwan da ke ƙarƙashin ƙasa ɗaya ne. A cikin ruwan nan, in ji shi, akwai wasu siffofi da ke ɓullowa a mafarki da tatsuniyar kowace ƙabila: uwa mai shayarwa mai kuma haɗiyewa, da tsoho mai hikima, da mayaudari mai ban dariya, da baƙar inuwar da mutum ba ya son ya yarda tasa ce. Bahaushe ba ya bukatar dogon sharhi a nan, don ya san Inna, ya san Malam Alhaji, ya san Gizo, ya san Dodo.

Wanda duk ke ganin shi ya tsira daga wannan ruwa, to, ya saurari bakinsa. Likitan da ya yi karatu a Ingila, in ya zo yi wa mutane bayanin allurar rigakafi a rediyo, cutar shan inna zai ce, alhali kuwa ma'anar kalmar ita ce Inna ta shanye ƙafar yaro. An tabbatar a 2020 cewa asalin ƙwayar cutar ta ƙare a Afirka, amma Inna tana nan daram a cikin sunan. Malamin da ya fi kowa zafi a kan bori, in ya fusata da wani yaro, ɗan iska zai kira shi. Muna cewa wane taɓaɓɓe ne, ba mu taɓa tsayawa mun tambayi wa ya taɓa shi ba. Haka nan dannau da ke zaune wa mutum a ƙirji cikin dare, da namijin dare, da tsoron cin abinci a mafarki, da san da ke bin mutum a guje ƙafafunsa sun yi nauyi: ɗalibin kimiyya na Gidan Kwano da mai tura baro a kasuwar Garatu duk sun san su, ba kuwa a aji aka koya masu ba.

Inda muka raba hanya da Jung shi ne, shi yana ganin siffofin nan gado ne daɗaɗɗe wanda zamani ba ya taɓawa, kuma kallon da ya yi wa baƙar fata kallon ƙuruciyar ɗan Adam ne, abin da ba za mu yafe masa don iliminsa ba. A 1925 ya yi tafiya zuwa Kenya da Yuganda, ya yada zango a gindin Dutsen Elgon yana tambayar mutanen wurin mafarkansu. Ya ba da labarin cewa wani tsohon boka ya gaya masa sun daina yin manyan mafarkai tun da Ingilishi suka zo, domin yanzu Di'o ne ya san maganar yaƙi da ta cuta da inda ya kamata a zauna. Jung ya koma gida da wannan a matsayin shaidar cewa zuwan Bature ya ƙafar da rijiyar. Da ya karkato yamma a wannan shekarar, da ya ga akasin haka.

Domin kuwa a 1925 ɗin ne, a ƙasar Kurfai wajen Filinge cikin Nijar, wasu sababbin iskoki suka hau wata mata mai suna Shibo, daga nan abin ya bazu cikin matasa kamar wutar daji. Hausawa suka kira su Babule, Zabarmawa suka kira su Hauka. Waɗanda suka hau sai su miƙe ƙyam kamar soja, su yi fareti da bindigogin itace, su sara wa juna, su riƙa ba da oda da wani irin Faransanci, su rungumi wuta ba ta ƙone su ba. Mabiyansu suka bijire wa sarkin da Faransa ta naɗa. Kwamandan Yamai na lokacin, wani mai suna Crocicchia, ya sa aka kamo su aka kulle aka ba su kashi. Ba a daɗe ba sai ga shi shi kansa ya bayyana a fage a matsayin iska, an raɗa masa Kwamanda Mugu. Mutumin da ya tashi rufe ƙofar birnin, sai birnin ya haɗiye shi ya ba shi ɗaki. 'Yan ci-rani suka tafi da iskokin nan har Ankara ta ƙasar Gana, inda Bafaranshen nan Jean Rouch ya ɗauke su a fim a 1954, ga Gwamna, ga Janar, ga matar likita, ga ma direban jirgin ƙasa yana kai da komo yana huci. A Kano da kewayenta kuwa Turawa ake ce masu, ana yi masu hidima da taba sigari da baƙin tabarau da kakin soja.

Ashe ke nan Jangare tana da littafin baƙi, kuma ba a taɓa rufe shi ba. Wasu suna shiga, wasu suna tsufa a ciki har a manta da su. Tremearne ya rubuta wata ƙungiyar yaran iskoki da ake kira 'yan zanzana, masu yayyafa wa mutane agana. Tun da Hukumar Lafiya ta Duniya ta shelanta ƙarewar agana a 1980, wa ya ƙara tambayar lafiyarsu? Kuturu ma kwarjininsa ya ragu tun da aka sami maganin da ke warkar da kuturta, mutanen Minna kuwa sun ga haka da idonsu a asibitin Chanchaga. A Dogondutsi wata mai bincike, Adeline Masquelier, ta tarar da Mariya, iska karuwa mai son turare da alewa da sukari, wadda ba sai an gaya wa mutum cewa ita da kantin zamani tagwaye ne ba. A ƙarshen 1995 kuma 'yan mata masu yawa a makarantun sakandaren Kano suka riƙa faɗuwa suna wata irin rawa da mutane suka kamanta da ta finafinan Indiya, aka ce wata aljana ce wai ita Sumbuka. Ko kaset ɗin bidiyo bai shigo ƙasar Hausa ya wuce salin-alin ba, sai da ya biya haraji a ƙofar Jangare.

Akwai gida ɗaya a birnin da ya fi kowanne tsaya mana a rai, saboda inda muka tashi. Shi ne gidan Sarkin Gwari, inda Bagwariya take. Yadda kakarmu ta siffanta mana ita, in ta hau goɗiyarta sai matar ta ranƙwafa kamar mai ɗauke da kaya a ƙeya, ta riƙa taku da nauyi tana gwaranci, 'yan kallo suna ƙyaƙyatawa. Mu kuma da gari ya waye za mu ga matan Gbagyi na haƙiƙa suna shigowa kasuwa a jere, kowace da lodin doya ko itace a kafaɗa, lodin da ƙato zai yi nishi kafin ya ɗaga. Wata maƙwabciyarmu da muke kira Mama, wadda ta sha ba mu dafaffiyar doya da hannunta, ita ta gaya mana dalili: a wurinsu kai sarkin jiki ne, shi ke yi wa mutum tunani, ba ya kamata a ɗora masa kaya kamar jaki. Abin da Jangare ta mayar abin dariya, a wurin masu shi girmamawa ce ga hankali.

Ta yaya Bagwariya ta sami ɗaki a mafarkin mutumin Katsina wanda bai taɓa taka ƙasar Gwari ba? Tarihi yana da amsar da ba ta da daɗi. A rabin ƙarshe na ƙarni na 19 Umaru Nagwamatse, wanda ya kafa Kwantagora, da ɗansa Ibrahim a bayansa, sun yi ta kai hari ƙasar Gwari suna kamun bayi, har mutane suka ƙaurace wa fili suka koma kan duwatsu, ba a kuwa sarara ba sai da Turawa suka ci Kwantagora a 1901. Muna kyautata zaton cewa da yawa daga cikin Gwarawan da Bahaushen Arewa ya fara gani, a kasuwar bayi ya gan su ko a bakin murhun gidan ubangijinsu, suna fama da harshen da ba nasu ba. Wannan hoton ne ya nutse cikin rijiyar, shi ne kuma har yau yake tasowa a bakinmu duk sa'ad da muka ce wane yana gwaranci, ko muka ce a yi mana bayani gwari-gwari. Ladi Kwali, Bagwariyar da ginin tukwanenta ya kai ta Ingila da Amurka, ta rasu a 1984, hotonta yana bayan takardar naira 20 tana zaune tana aikinta. Ta shiga aljihun kowane Bahaushe, amma ba mu ji an ce ta shiga Jangare ta kori waccan mai ranƙwafawar ba. Birnin yana saurin karɓar abin tsoro da abin dariya, yana da nawa wajen karɓar abin girmamawa.

To, mene ne amfanin birnin ga waɗanda suka gina shi? Mu dai abin da muka fahimta, aikinsa shi ne yi wa tsoro suna. Cuta ko baƙo ko mai mulki, muddin ya shiga Jangare, an san ubansa, an san launin tufarsa, an san taken da makaɗin garaya zai kaɗa masa ya zo, an san abin da yake so a ba shi. Yakan hau, ya yi ɓarnarsa a tsakiyar fage kowa yana gani, sa'an nan goɗiyar ta yi atishawa ya sauka, a watse a koma gida. Kwamanda Mugu na Yamai ba ya jin roƙo, amma na Jangare ana iya lallashinsa da karan sigari. Wannan fage kuwa an daɗe ana rushe shi. Masu jihadin 1804 sun yaƙe shi. Nana Asma'u ta kafa 'yan taru, ta naɗa jajis mata masu yawo ƙauyuka suna karantarwa, don ta janye mata daga gare shi. Turawa sun hana shi. Wa'azin da ya ƙarfafa bayan kafa Izala a Jos a 1978 ya ƙara matse shi. Daga 2000 kuma, da jihohin Arewa da dama har da Neja suka faɗaɗa aiki da shari'a, sai garaya ta koma ƙuryar ɗaki. Ba mu yi kukan wannan ba, kakarmu ma ba ta yi ba. Sai dai rushe fage daban, ƙafar da rijiya daban. An kori makaɗa, amma mutane ba su daina barci ba.

Shi ya sa muka ɗan daɗe muna sauraron abin da mutane ke cewa da safe, a wurin mai shayi da bakin famfo da ɗakunan kwanan ɗalibai. San nan mai bin mutane a mafarki ya fara ja da baya. Abin da ke bin su yanzu ƙugin babura ne, da mutane bibbiyu ko uku-uku a kan kowanne, fuska a naɗe, sai mutum ya nemi ihu murya ta ƙi fita. Ba sai an ɗauko Ibn Sirin ba. A watan Fabrairun 2021 an kwashe ɗalibai daga kwalejin kimiyya ta Kagara. A watan Mayun wannan shekarar aka kwashe yaran Islamiyya a Tegina, waɗansu ba su kai shekarun rubutu da alƙalami ba, suka yi kusan wata uku a daji. Manoman Shiroro da Munya da Rafi, da yawansu Gbagyi jikokin waɗanda suka taɓa hawa duwatsu don gudun mahara, sun bar doyarsu a ƙasa sun cika makarantu da kangwaye a Minna da kewayenta. Wanda abin bai taɓa garinsu ba ma ya ga hotunan a waya kafin ya kwanta. Wannan baƙon ba shi da take, ba shi da uba, ba ya sauka da atishawa, kuma ba a san launin tufar da za a ba shi ya tafi ba. Yana yawo ne kawai a titunan birnin yana neman masauki.

Nan ne hankalinmu yake tashi, domin mun ga yadda Jangare take saukar da baƙo: takan duba gidan da ya yi kama da shi ta tura shi ciki. Gidan Fulani kuwa yana nan tun fil azal, da Barhaza da ƙwaryar nononta. Kowa a jihar nan ya san cewa masu ɗauke da bindigogin nan ba ƙabila ɗaya ba ce ke ciyar da su da labari da man fetur da burodi, ya kuma san cewa rugage nawa ne aka kore wa shanu aka bar su da sanda. Amma mafarki ba ya karanta rahoto. Akwai wata Bafilatana da ta fi shekara 20 tana kawo fura da nono kasuwar Garatu, ta san sunan yaran kowane gida, ta sha ba iyayenmu mata bashi har kaka. A 'yan shekarun nan mun ga yadda hira takan mutu in ta sauke ƙwaryarta, a saya a biya ba a haɗa ido ba, ita ma ta rage zama, tana sayarwa take naɗe gammonta. Babu wanda ya zarge ta da komai. Abin da aka yi wa Mama a ƙarnin da ya wuce da dariya, shi ake shirin yi mata da tsoro, kuma na tsoron ya fi saurin zama jini.

Kwanan baya da muka je hutu gida, mun tarar da yaran unguwa suna wani wasa a bayan rumfunan doya bayan la'asar. Manyan sun naɗe fuska da tsumma, kowa da karan dawa a rataye a kafaɗa, uku sun hau wani gungumen itace suna yi masa ƙugin babur da baki. Ƙananan an tara su a gindin mangwaro an ce su sunkuyar da kai. Wani yaro ɗan kimanin shekara takwas ya kara fasasshen silifa a kunne yana ciniki, yana cewa miliyan goma ko a ji mummunan labari, wata yarinya kuma tana tattara ganyen mangwaro tana ƙirgawa tana roƙon a rage. A cikinsu akwai 'ya'yan Hausawa, akwai na Gbagyi, akwai na Nufawa, duk da Hausa suke wasan. Shugaban nasu har ya sami suna, Kachalla suke kiransa, yana da irin tafiyarsa da irin muryarsa, kuma muka lura in wani yaron ya karɓi matsayin, tafiyar da muryar ba sa canzawa. Wata tsohuwa ta fito da muciya ta tarwatsa su tana salati. Suka zagaya bayan masallaci suka ci gaba daga inda suka tsaya.